Digiri Goma Sha Huɗu

Ranar Lahadi, uku ga wata

Zuwa ga Yayata,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidan da yara, da kuma marasa lafiyarki da kika fifita a kan 'yan'uwanki na jini. Sau shida na kira ki tun shekaranjiya, kullum wayar a kashe, wai kina ɗakin tiyata. To ga takarda nan, ita dai ba a kashe ta, kuma ba za ki katse ni a tsakiyar magana ba kamar yadda kika saba. Dogo direba zai miƙa miki ita a ƙofar asibiti.

Yaya, kin kyauta ke nan? Kin sa na yi tafiyar awa biyar a mota, kin zaunar da ni gaban likitan ƙashi, aka leƙo aka kira ki aiki, kika tashi kika bar ni da shi. Mutumin nan ya liƙa hoton ƙafata a jikin fitila, ya ɗauko abin awo ya ja layi biyu, ɗaya daga ƙugu, ɗaya daga idon sawu, ya ce sun saɓa da digiri goma sha huɗu. Shekara tara ina koyar da lissafi, ga shi yau a jikina ake auna kusurwa. Daga nan ya faɗi wata kalma mai tsawo. Na ce ya maimaita, ya maimaita. Na ce ya rubuta, ya juya bayan katina ya rubuta: ostiyotomi. Kafin in buɗe baki in tambayi ma'anarta har ya ce na gaba ya shigo. Abin da kunnena ya tsinta kawai shi ne za a yanke ƙashi.

Wane ƙashin? Da me? A yanke a yar, ko a yanke a mayar? Na tambayi malamin kimiyya na makarantarmu, ya gyara tabarau ya ce zai duba, har yau yana dubawa. Ke ce ma'aikaciyar jinya, ke ce kike tsayawa kusa da likitocin nan kina miƙa musu kaya. Ki yi mini bayani da harshen da aka haife mu da shi.

Ita kuwa gwiwar sai abin da ya ci gaba. Ajina yana bene, matakala ashirin da biyu, na san kowace ɗaya kamar yadda na san sunayen ɗalibaina. Ina hawa ina hutawa, yara suna wuce ni suna "sannu Malama", in na ba da baya kuma su kwaikwayi tafiyata. Ba na ganin laifinsu sosai. Na san ni na jawo wa kaina tun ina 'yar shekara goma sha ɗaya, da na faɗo daga bishiyar mangwaro Baba ya yi mini ɗori, na ƙi zama wuri ɗaya, na taka ƙafar tun ba ta gama kamawa ba. Marigayiya Inna ta sha faɗa mini haka duk lokacin da na yi ƙorafi.

Sai maganar Baba. Kin san kunnensa ya yi nauyi, waya da shi ɓata baki ne, don haka baban yara ya je da kansa ya sanar da shi. Wai ya saurara har ƙarshe, ya tashi ya shiga ɗakin ɗori, ya fito da kwalbar man shafawa ya ce a kawo mini, in riƙa murzawa safe da yamma. Ya ce batun yanka kuwa, ba da yawunsa ba. Ga kwalbar nan a gabana, ita ce ta tara da ya aiko mini cikin shekara biyu.

Ki gaishe da kowa. Ki ba Dogo amsa a hannu, kada ki ce za ki kira.

Ƙanwarki,
Auta

*

Ranar Laraba, shida ga wata

Zuwa ga Auta,

Wa alaikumus salam. Takardarki ta iso ni lafiya, kowa yana amsa gaisuwa. Ki yi haƙuri da tashin da na yi ranar nan, an kawo wanda mota ta buge ne, ba yawo na tafi ba.

Ga bayanin, ki karanta a natse. Kalmar daga Girkanci aka aro ta, gida biyu ce. Ostiyo shi ne ƙashi, tomi kuma yanka. Amma ba kowane yankan ƙashi ake kira haka ba. In ƙashi ya karye da kansa, ba shi ba ne. In za a cire ƙafa gaba ɗaya, wannan sunansa daban, kuma babu wanda ya yi maganarsa a kanki. Ana faɗin ostiyotomi ne idan likita ya yanka ƙashi da gangan, a wurin da ya auna, don ya gyara masa zama: ya miƙar da shi, ko ya juya shi, ko ya rage tsawonsa, ko ya ƙara. Ana yin sa a muƙamuƙi, ana yi a ƙugu, har a babban yatsan ƙafa. Shi ya sa a takardunmu ba ma rubuta kalmar ita kaɗai, sai mun haɗa da sunan ƙashin. Naki na ƙauri ne, ƙasa da gwiwa kaɗan.

Ki ɗauko takalminki na hagu ki juya shi. Za ki ga gefe ɗaya ne ya cinye. Haka gwiwarki take a ciki. Saboda ƙaurin ya warke a karkace, nauyinki duka a kan ɓangare ɗaya yake sauka, guringuntsin wannan ɓangaren yana ta suɗewa, ɗayan kuma yana nan lafiya lau. Likita zai sa ƙaramin zarto ya yanka ƙashin, ba zai raba shi biyu ba, zai bar ɗan gefe a haɗe kamar ƙyauren da ke jikin ƙofarsa. Sai ya buɗa shi a hankali har layukan nan biyu su haɗu, ya sa ƙarfe mai faɗi da ƙusoshi ya riƙe. Ƙashi zai cike gurbin da kansa. Allurar barci za a yi miki, ba za ki ji komai ba. Bayan nan sati shida kina dogara sanduna, wata uku zuwa huɗu ki koma benenki.

Abin da nake so ki riƙe shi ne wannan. Aikin yana da amfani ne muddin akwai sauran guringuntsi. Idan ya ƙare, an wuce wurin, sai dai a jira ki manyanta a sa miki gwiwar ƙarfe, ke kuwa shekararki talatin da huɗu kacal. Na yi ta zirga-zirga har na samo miki ranar ashirin da bakwai ga watan nan. In ta kuɓuce, layin ya kai wata biyar, kuma likita ya ce ba ya son gwiwar ta ƙara wata biyar a kan matakala.

Hannunki kawai ake bukata a takardar amincewa, ke ba yarinya ba ce. Duk da haka na rubuta wa Baba, na yi masa bayanin da na yi miki. Man kuwa ki shafa in kina so, ba ya cutarwa, sai dai ba ya miƙar da ƙashi.

Ki daina cewa ke kika jawo wa kanki. Ba na son jin wannan maganar.

Allah ya ƙara sauƙi.

Yayarki

*

Ranar Asabar, tara ga wata

Daga mahaifinku zuwa ga babbar 'yata,

Bayan sallama da sa albarka, ina sanar da ke takardarki ta zo, na sa tabarau na karanta ta sau biyu. Ki karanta wannan, sannan ki aika wa ƙanwarki.

Kin rubuto mini suna mai tsawo, kin fassara mini shi, na gode. Amma na ga zarto a ciki. Ni a sanina zarto kayan aikin kafinta ne. Shekara arba'in da ɗaya ina ɗori a ɗakin nan da mahaifina ya yi nasa. Hannu, ƙafa, haƙarƙari, kafaɗa, babu wanda bai zo gabana ba, kuma ban taɓa fasa fatar mutum don in kai ga ƙashinsa ba. Ƙashin da ya riga ya warke shekara ashirin da uku ya zama abin da ya zama. A bar shi.

Ƙafar da kuke zagi ita ta kai yarinyar nan makaranta har ta zama malama. Ita ta kai ta ɗakin mijinta, ta ɗauki ciki uku a kanta. Yanzu don wani ya ja layi a jikin hoto sai ku ce ba ta da kyau? Ciwon gwiwa kowa yana yi. Ni ma ina yi. Ta rage hawa bene, a ba ta aji a ƙasa, ta riƙa shafa man da na aika.

Kin ce za a yi mata allura ba za ta ji ba. In allurar ta sake ta fa, wa zai ji mata? Yarinyar nan ta sha wahalar ƙafar nan sau ɗaya, ina ji ina gani. Ba za ta sha sau biyu da izinina ba. Na san ku manya ne, kuna da ilmin da ba ni da shi, kuna iya yin abin da kuka ga dama. Ni dai na faɗi tawa: ba da yawuna ba.

Ke kuma akwai maganar da ke tsakanina da ke tun kina ƙarama. Ina fatan ba ki manta ba.

Allah ya yi muku albarka, ya raya zuriya.

Mahaifinku

*

Ranar Alhamis, sha huɗu ga wata

Yaya,

Sallama a gurguje, ki gaishe da gida, don raina a ɓace yake.

Bayaninki ya shiga kaina sarai, na gode. Har na zana wa 'yan ajina ƙashin a allo na ce su nemo kusurwar, rabinsu suka faɗi. Takardar Baba ce ta hana ni sukuni, don haka ranar Talata na nemi izini a makaranta, na ɗauki hoton a ambulan na tafi gida.

Na tarar da ɗakin ɗori a cike kamar kullum, mutane har bakin ƙofa, warin man nan ya cika ko'ina. Yana kan wani magini da ya faɗo daga kan gini, hannu ya karye. Ƙato ne, mutum biyu suka danne shi. Baba ya kama hannun ya ja, mutumin yana ihu yana kiran uwarsa yana roƙon a bari, Baba ko gezau. Ya ci gaba da ja har sai da yatsunsa suka ji abin da suke nema, sannan ya jera katakai ya ɗaure. Da ya gama ya dafa kan mutumin ya ce, "Ka yi haƙuri ɗana, da na saurari ihunka da na cuce ka." Wallahi Yaya, tsoho ne amma hannun nan bai tsufa ba.

Da mutane suka ragu na matsa na gaishe shi, na zaro hoton. Ya ce in mayar, shi ba ya aiki da hoto, da hannu yake gani. Na ce to madalla, ga ƙafar, gani da hannun. Na ja zane na miƙa ta a kan tabarmar da kowa yake miƙa tasa.

Bai taɓa ba. Ya kawar da kai ya shiga naɗe bandejin da yake a naɗe. A nan ne na tuna wani abu da ban taɓa lura da shi ba: tun da aka kwance mini ɗorin nan Baba bai ƙara ɗora hannunsa a ƙafar nan ba, ko sau ɗaya. Kwalba yake aikowa.

Na ce, "Baba, ka taɓa mana."

Ya ce, "Me kika ce?"

Kin san dole sai an ɗaga murya, ni kuma kin san bakina in raina ya ɓaci. Na ce, "Na ce ka taɓa! Baƙo ya zo ka taɓa, ɗan maƙwabta ka taɓa, ni ce ba za ka taɓa ba? Ko sunanka kake ji wa tsoro, kada a ce 'yar mai ɗori sai da asibiti ya gyara mata ƙafa?"

Wata tsohuwa da ke jiran a duba mata kafaɗa ta ce, "Haba 'yar nan, mahaifinki ne fa." Baba ya tashi ya wanke hannu, ya ce wa mutane su dawo gobe, ya shige ciki. Ban taɓa ganin ya sallami masu jira ba sai ranar. Da zan tafi na durƙusa a bakin ƙofarsa na yi sallama sau uku, ya ce in sauka lafiya, bai ɗaga labule ba.

Jiya kuma gwiwar ta sake ni a matakala ta goma sha bakwai, na zauna daɓas, littattafan yara suka watse har ƙasa. Shugabar makaranta ta ce za ta duba batun ba ni aji a ƙasa, irin duban malamin kimiyya.

Duk da haka ga abin da na yanke. Ki ce wa likita ya ba wani ranar. Na san hannuna kawai ake bukata, baban yara ma haka ya ce, har ya yi fushi ya fita. Amma ba zan kwanta a yi mini allurar barci ba alhali maganar ƙarshe tsakanina da mahaifina ita ce wadda na faɗa masa a gaban mutane, tasa kuma "ba da yawuna ba". In ban farka ba fa? Na gaji, Yaya. Na gaji da ƙafar, na gaji da taurin kansa, na gaji da nawa.

Wace magana ce ya ce tana tsakaninku?

Auta

*

Ranar Lahadi, sha bakwai ga wata

Auta,

Gaisuwa. Ban ce wa likita komai ba, kuma ba zan ce ba. Sunanki yana nan a ranar ashirin da bakwai. Sau uku na fara takardar nan ina yagawa. Zan karya alkawarin da na ɗaukar wa Baba ina 'yar shekara goma sha biyar, Allah ya yafe mini, don na gaji da kallonki kina ɗingishi kina zargin kanki.

Ba ki taka ƙafar nan kafin lokaci ba. Ni na yi jinyarki, ni nake ɗaukarki zuwa bayan gida, kwana arba'in ba ki sa ta a ƙasa ba. Inna ta faɗi haka ne don ta rufa wa mijinta asiri, ke kuma kina yarinya kika ɗauka.

A gidanmu akwai ƙa'ida tun daga kakanmu: mai ɗori ba ya ɗora ɗan cikinsa, ɗan'uwansa ake kira. Shi ya sa Baba da marigayi Baffa suke aiki a ɗaki ɗaya, wannan ya ɗora 'ya'yan wancan. Ranar da kika faɗo Baffa ya yi tafiya, sai bayan kwana biyu ake sa ran dawowarsa. Inna ta ce a jira. Baba ya jira daga hantsi zuwa la'asar yana jin kukanki, ya kasa. Ya ce in riƙe kafaɗunki. Ya kama ƙafar ya fara ja, kika ƙwalla ƙara kika ce, "Baba ka bari, Baba don Allah ka bari!" Ina kallon fuskarsa. Ya saki, Auta. Saura kaɗan ƙashin ya zauna ya saki, ya jera katakai ya ɗaure a haka.

Tafiyar Baffa ta ja, sai a rana ta goma sha biyu ya dawo. Ya shafa ƙafar sau ɗaya ya kira Baba waje. Ina bayan ƙofa ina ji. Ya ce, "Ta kama a karkace. Yanzu ƙashin ɗanye ne, ka fita ka ba ni wuri in sake karya shi in ɗora daidai. Kukan yini ɗaya ne." Baba ya tsaya a bakin ƙofa ya ce babu mai ƙara sa 'yarsa kuka, yara ƙashinsu yana miƙewa da girma. Baffa ya ce, "Ka san wannan ba irin mai miƙewa ba ne." Suka yi ta yi har Baffa ya kwashe kayan aikinsa ya bar ɗakin. An ce miki a kan gyaran rufin ɗaki suka ɓata. A kanki ne. Har Baffa ya rasu gaisuwa kawai take haɗa su.

Don haka da kika ce sunansa yake ji wa tsoro, kin soke shi a inda ba nan ciwon yake ba. Mutumin da yake gani da hannu, in ya taɓa ƙafar nan me kike zaton zai gani?

Kada ki ɗauka ina kare shi ne. Haushinsa nake ji kamar in yi me. Shekara ashirin da uku ina ɗauke da wannan abu, shi ya kai ni makarantar jinya, shi ya sa na nace sai ɓangaren ƙashi. Yanzu ga gyara ya zo har gida, ya sake tsayawa a bakin ƙofa.

Wani abin haushin kuma, na ce wa likita ni zan tsaya masa ranar aikinki, ya ce a'a, ɗan'uwa ba ya shiga aikin ɗan'uwansa. Ni da na miƙa masa zarton nan ya fi sau ɗari! Na ce ni ba irin masu suma ba ce, ya ce ya sani, amma a'a. To mai tsara mana jadawalin aiki ƙawata ce, zan san yadda na yi sunana ya faɗo a ranar. Na riƙe kafaɗunki a na farko, ba zan zauna a waje a na biyu ba.

Saura kwana goma. Ki yi abin da za ki yi da wannan maganar.

Yayarki

*

Ranar Laraba, ashirin ga wata

Zuwa ga mahaifina,

Assalamu alaikum Baba. Ina gaishe ka da girmamawa, ina fatan ka tashi lafiya, ya jiki, ya masu jinya. Kafin komai ina neman gafara a kan maganar da na faɗa a gaban mutane. Ban kyauta ba, kuma yanzu na san ba gaskiya ba ce.

Yaya ta gaya mini komai. Kada ka yi fushi da ita, ni na matsa mata.

Baba, kwana biyu na yi ina kuka, kuma ba zan ɓoye maka ba, rabin kukan na haushi ne. Sakin da ka yi ban riƙe shi a raina ba ko kaɗan. Ni ma uwa ce yanzu, ranar da aka yi wa ƙaramin ɗana ɗinki a goshi sai da aka fitar da ni daga ɗakin, don na kusa ƙwace allurar. Abin da ya yi mini ciwo shi ne shirun. Na girma ina ce wa kaina mara jin magana, duk wanda ya tambaye ni sai in ce ni na ɓata aikin mahaifina. Kana ji ina faɗa, ka bar ni.

Doguwar kalmar nan da ta tsaya maka a rai, na zauna na dube ta da kyau. Abin da Baffa ya ce a yi ne a rana ta goma sha biyu: a raba ƙashin a sake ɗora shi daidai. Da an yi a lokacin, hannu ya isa. Yanzu ƙashin ya tsufa, shi ya sa sai da zarto. Aikin gidanmu ne Baba, makara kawai ya yi.

Ka ce wa zai ji mini in allura ta sake ni. Ai ina ji yanzu, kullum, sau ashirin da biyu in zan hau, sau ashirin da biyu in zan sauko. Wancan na sati shida ne, wannan kuwa ba shi da ranar ƙarewa.

Tunda ba ka aiki da hoto, na ɗora farar takarda a kansa na kwafi layukan biyu da hannuna, ga ta nan a ciki. Tazarar da ke tsakaninsu ita ce digiri goma sha huɗu. Ranar ashirin da bakwai ne aikin. Yaya ta ce sai ta shiga ɗakin ko da likita ya hana, ta riga ta fara ƙulle-ƙullenta. Ni kuwa ba zan sa hannu a takardar asibiti ba sai na ji daga gare ka. In ka ce a'a zan haƙura in ci gaba da shafa mai, amma wannan karon da sanina da saninka.

Na taɓa ce maka ka bari, ka ji maganata. Yanzu ina roƙonka ka bari a ƙarasa.

Allah ya ƙara maka lafiya da nisan kwana.

'Yarka,
Auta

*

Ranar Asabar, ashirin da uku ga wata

Daga mahaifinku zuwa ga 'ya'yana biyu,

Bayan sallama. Na sa Dogo ya fara biyawa ta wurin Auta, sannan ya kai wa babbar.

Auta, na ga layukan. Ba sai an auna mini ba, hannuna ya san wannan tazarar tun ranar da na ɗaure ta. Ba ki ɓata aikina ba, ni na ɓata, kuma na bar ki da nauyin. Ki yafe mini. Ki sa hannu a takardarsu, da yawuna, Allah ya sa a tashi lafiya.

Ke kuma babba, ban yi fushi ba. Amma ki cire sunanki daga jadawalin nan. Likitanku ya san ƙa'idar da ni ma na sani amma na karya. Kada ki shiga ɗakin. Dogo zai kawo ni ranar ashirin da shida, ki nema mana benci a waje, ni da ke mu zauna mu jira kamar yadda ya kamata in yi tun farko.

Saƙo ɗaya za ki kai masa daga gare ni. Na san kun ce barci za ta yi. Duk da haka ki gaya masa, ko da ta farka ta ce a bari, kada ya saki sai ƙashin ya zauna.

Allah ya yi muku albarka.

Mahaifinku